Mai aikin biyan kullum a gwamnati, yana da haƙƙin a mayar da shi na dindindin?

Mai_Gadi: Salam jama'a, dan Allah masana doka ku taimaka min. Ina aiki a wata ma'aikatar gwamnati na haura shekara goma, amma har yau lissafin kwana ake min, ranar da ban zo ba babu kuɗi, ba hutu ba fansho ba komai, kuma a gabana ake kawo sababbi a ba su ofa. Wani ya ce min wai doka ta ce in ka daɗe dole a mayar da kai na dindindin, gaskiya ne ko dai zancen baki ne?

Lauyan_Talaka: Wa alaikumus salam malam. Gsky daɗewa kaɗai ba ta ba mutum kujera a gwamnati, domin aikin gwamnati sai akwai gurbi da aka amince da shi a kasafi, kuma hukumar ɗaukar ma'aikata ce ke cike shi ba ogan ofis ɗinku ba. A Indiya an sha wannan rigimar sosai, har Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a shari'ar Umadevi a 2006, alƙalai biyar suka ce ɗan biyan kullum ba shi da haƙƙin tilasta a tabbatar da shi. Amma sun bar ƙofa ɗaya, wanda ya yi shekara 10 a gurbin da dama akwai shi a hukumance, yana da takardun da aikin ke buƙata, kuma ba umarnin kotu ne ya riƙe shi a wurin ba, to gwamnati ta duba ta tabbatar da shi, sau ɗaya tak. Ina jin nan maganar shekara goma ta samo asali, mutane suka ɗauki rabi suka bar rabi.

Uwar_Biyu: To wannan ai zalunci ne wlh, aiki ɗaya kuke yi da mutum shi yana jiran garatuti kai kana jiran a ce gobe kar ka zo.

Lauyan_Talaka: Hajiya ba a ce ba shi da komai ba fa. Ita dai kotun a 2016, shari'ar Jagjit Singh, ta ce na wucin gadi da ke aiki iri ɗaya da na dindindin a biya shi aƙalla mafi ƙarancin albashin wannan matakin. In kuma a Najeriya yake, sashe na 7 na dokar ƙwadago ya ce a ba leburan da aka ɗauka sharuɗɗan aiki a rubuce cikin wata uku, sashe na 11 kuma wanda ya kai shekara biyar sai da notis na wata guda kafin sallama, sannan dokar diyya ta 2010 ta haɗa da 'yan wucin gadi in an ji rauni a bakin aiki. Kotun ma'aikata ake kai irin wannan ƙara.

Tsohon_Akawu: Ni shawarata ɗan uwa ka fara tara takardu tun yanzu, rajistar da kuke sa hannu, alat na banki, katin shaida, duk wata wasiƙa mai sunanka, saboda ranar da magana ta tashi abu na farko da za su ce shi ne ba su san ka ba, ko su ce ɗan kwangila ne ya kawo ka. Kuma kar ka tafi kai kaɗai, ku haɗu ku rubuta ta hannun ƙungiya, mutum ɗaya saurin korarsa ake yi.

Mai_Gadi: Na gode ƙwarai Allah ya saka. Matsalar mu a hannu ake biyanmu, sai dai rajistar, ita ma tana ofishin oga.