Suwic ɗinmu na cika ko kuwa? Yaya zan gane?

ɗan_kebul: Salam 'yan uwa, don Allah ina neman shawara. A ofishinmu muna da suwic (na'urar da ke haɗa kwamfutoci a netwok) mai fot 24, wato ramukan saka kebul, kullum da rana netwok sai ya riƙa jan ƙafa, oga na ta faɗa, ni kuma ban san wace fot ce ke shanye layin ba. Na saka Cacti, manhajar da ke nuna yawan bayanan da ke bi ta kowace fot, amma jadawalin da yake nunawa wani iri ne, sai ka ga ya haura sama ya faɗo ƙasa ba gaira ba dalili.

injiniya_tsoho: Wa alaikumus salam. Ina zargin kanta (ma'aunin da ke ƙirga bayanan da suka bi ta fot) mai bit 32 kake karantawa. Ita wannan da ta kai kusan gigabait 4 sai ta koma sifili, a layin 1Gbps kuwa cikin daƙiƙa 34 za ta iya zagayowa, kai kuma duk minti 5 kake tambayarta, ai dole lissafi ya rikice. Koma SNMP (hanyar da Cacti ke karɓar ƙididdiga daga suwic) v2c ko v3, ka zaɓi kantar ifHCInOctets mai bit 64.

mai_sabar: Gaskiya ne oga. Amma ɗan_kebul, ko ka gyara wannan, minti 5 na ɓoye cunkoson da ke zuwa bagatatan. Duba ifOutDiscards (adadin bayanan da fot ta zubar ba ta tura ba) a fot ɗin da ke haɗa ka da rawuta (na'urar da ke haɗa netwok ɗinku da waje), in lambar na ƙaruwa to layin ne ya cika. Ni LibreNMS nake amfani da shi maimakon Cacti, kyauta ne kuma yana gano fot-fot da kansa.

ɗan_kebul: Kai, v1 na saka ashe! Na gode sosai, gobe da safe zan canza in sha Allah.