Motata tana jijjiga idan ta yi zafi, an ce in sauya kwayil duka huɗun

Mai tambaya:
Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Shawara nake nema a kan tsohuwar motata, ƙirar 2004, mai silinda huɗu, kowane fulogi da kwayil ɗinsa (abin da ke ba shi wutar tartsatsi) a kai. Shekara 6 ke nan tana hannuna, ba ta taɓa ba ni kunya ba sai cikin watan nan. Da safe idan na tayar da ita lafiya lau take, inji na tafiya sumul. Da zarar mun yi kamar minti 20 a hanya sai ta fara jijjiga. In na tsaya a silo, sitiyari har rawa yake a hannuna. In na zo hawa tudu na taka totur, sai ta riƙa fizga kamar ana riƙe ta ta baya. Shekaranjiya wutar cek da ke dashbod, wadda da ma a kunne take, ta koma ƙyaftawa, da na fito kuma na ji warin ɗanyen fetur ta bakin salansa. Shan mai ma ya ƙaru.

Na kai ta gareji. Makaniken ya saurari injin, bai yi minti biyu ba ya ce kwayil ne, in sayo huɗu a sauya gaba ɗaya. Ban ce ƙarya yake yi ba, amma hankalina bai kwanta ba, domin bai kwance komai ba, bai gwada komai ba. Da motar nan nake kai yara makaranta, da ita nake fita nema, ba ni da kuɗin da zan zuba a kan zato. Ta yaya zan tabbatar kwayil ne? In kuwa shi ne, dole sai duka huɗun? Allah ya saka da alheri.

Wani dattijon makanike:
Wa alaikumus salam ɗana. Kafin komai, ka ajiye motar nan. Wutar cek idan tana kunne a tsaye, tana cewa ne akwai matsala, a duba. Idan ta fara ƙyaftawa, to inji yana misin sosai, wato akwai silindar da ba ta ƙona man da aka zuba mata. Wannan ɗanyen man da ka ji warinsa yana wucewa ne zuwa katalis, matatar hayaƙin da ke jikin salansa, a can ya je ya ƙone, zafin ya narkar da cikinta. Katalis kuwa ta fi kwayil huɗu tsada nesa ba kusa ba. In dole ne ka tuƙa ta zuwa gareji, ka bi a hankali, kada ka matsa mata.

Alamomin da ka lissafa sun yi kama da kwayil, wannan gaskiya ne. Amma fulogin da ya mutu haka yake yi, nozul (mai fesa fetur wa silinda) ɗin da ya toshe haka yake yi, silindar da ta rasa kompireshan, wato matsin da ke cikinta, ma haka. Kunne ba ya rarrabe su. Na tsufa a wannan aikin, har yau ba na cewa mutum ya sayo kaya sai na gwada.

Wani mai rewaya:
Baba ya yi gaskiya. Yaya, bari in ba ka hanyar da ba za ta ci maka kuɗin kaya ba. Motar 2004 tana da soket ɗin kwamfuta a ƙarƙashin dashbod, ɓangaren direba. Tsarin OBD-II ne, wanda ya zama dole a motocin Amurka tun 1996, a Turai kuma tun 2001 ga masu shan fetur. A jona mata sikana a karanta lambar da ta ajiye. P0300 tana nufin misin ɗin yawo yake yi, bai tsaya a silinda ɗaya ba. P0301 silinda ta ɗaya ce, P0302 ta biyu, haka har P0304. In ka ga P0351 zuwa P0354, wannan kai tsaye layin wutar kwayil ɗin silindar ne ake ƙorafi a kai, ko shi kansa ko wayarsa.

To amma ka lura, lambar ta gaya maka wace silinda ce ba ta aiki, ba ta gaya maka dalili ba. Nan ne musanye yake shigowa. Mu ɗauka ta nuna P0303. Ka kashe mota, ka cire kwayil na uku ka kai shi silinda ta ɗaya, na ɗaya ka dawo da shi ta uku. A goge lambar, ka tuƙa har motar ta yi zafi ta fara halinta, a sake karantawa. In lambar ta koma P0301, ciwon ya bi kwayil, ka kama mai laifi. In ta tsaya a P0303, kwayil ba shi da laifi, sai a musanya fulogi ta wannan hanyar. In har yanzu ba ta motsa ba, a duba nozul, a auna kompireshan. Noti ɗaya ne ke riƙe kowane kwayil, yawanci sufana lamba 10, aikin minti kaɗan ne.

Wani direba:
Ni dai mai sauƙi nake yi. Ka bar injin a kunne, ka riƙa zaro kwayil ɗaya bayan ɗaya. Wanda ka zaro ƙarar inji ba ta canja ba, shi ne matacce.

Wani mai rewaya:
Ɗan'uwa, dabarar tana da tushe, amma don Allah kada a zaro kwayil da hannu inji yana aiki. Batir volt 12 yake bayarwa, kwayil kuma yana ɗaga shi ya kai volt 20,000, wani lokaci har ya ninka haka. In ka zaro shi daga kan fulogi, wutar sai ta nemi wata hanya: ko hannunka, ko ta fasa cikin kwayil ɗin da yake da lafiya, ko ta koma ta taɓa kwamfutar motar. In za a yi wannan gwajin, soket ɗin nozul ake cirewa na ɗan lokaci, sai silindar ta huta ba tare da ɗanyen mai ya tafi salansa ba. Ga shi kuma nasa ciwon sai da zafi yake fitowa, da sanyi ba lallai ya nuna kansa ba.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai. Oga mai rewaya, wannan na ƙarshe da ka faɗa shi ne ya fi ɗaure mini kai. In abu ya lalace ai ya lalace. Me ya sa da safe yake aiki? Wani kuma ya ce mini a auna shi da mita kawai a huta.

Wani mai rewaya:
Kwayil ƙaramar taransifoma ce. A cikinsa akwai naɗin waya biyu a kan ƙarfe: ɗaya mai kauri, zagayensa kaɗan, ɗaya siriri kamar gashi, zagayensa dubbai. Wuta tana shiga mai kaurin, kwamfuta ta yanke ta farat ɗaya, wannan yankewar ce ke haifar da babbar wuta a siririn, ta sauka kan fulogi ta yi tartsatsi. Duk wannan an rufe shi da wani irin ƙaro mai hana wuta zurarewa. Shekara da shekaru yana zaune a saman inji, ya yi zafi ya huce, ya yi zafi ya huce, ga girgiza, sai rufin ya yi tsaga siririya da ido ba ya gani. Da sanyi tsagar a haɗe take. Da zafi ya shiga sai ta buɗe, wuta ta samu gajeriyar hanya, ta fasa zuwa fulogi.

Tudu kuma ga dalilinsa: idan ka taka totur, matsin da ke cikin silinda yana ƙaruwa, kuma tartsatsi ya fi wahalar tsallakawa a cikin matsi, yana buƙatar wuta mai ƙarfi. Kwayil mai rauni zai iya ɗaukar silo, amma ya gaza a tudu.

Batun mita, tana da amfani amma ba ta yanke hukunci. A tsofaffin kwayil, naɗi mai kauri yakan nuna tsakanin om 0.4 da 2, siririn kuma dubbai, kamar 6,000 zuwa 15,000, kodayake lambar da ke littafin motarka ita ce alƙali. Matsalar ita ce ana aunawa ne da sanyi, da 'yar wutar batirin mita, don haka kwayil mai tsaga zai ci jarrabawa lafiya lau. Sannan da yawa daga irin naka suna da taransisto a ciki, mita ba ta isa ga naɗin yadda ya kamata. Musanye ya fi ta gaskiya.

Wata 'yar'uwa:
Yaya, ni abin da zan ƙara daga abin da ya same ni ne. Na sauya kwayil ɗaya, bayan wata uku ya sake mutuwa, a silinda ɗaya ɗin nan. Na ɗauka jabu aka ba ni. Sai da wani ya haska fitila cikin ramin fulogin muka ga baƙin mai ya kwanta a ciki, robar kwayil ɗin ta kumbura ta yi laushi. Ashe gasket ɗin murfin saman inji ne ke yoyo. Fulogan kuma da aka kwance, bakinsu ya cinye, tazarar ta buɗe, ban ma san yaushe rabon da a sauya su ba. Don haka in ka kama kwayil ɗin, ka tambayi abin da ya kashe shi, in ba haka ba sabon ma zai bi sahu.

Wani dattijon makanike:
'Yata, Allah ya yi miki albarka, kin taɓo inda yawancin mutane ke tsallakewa. Fulogin da tazararsa ta buɗe yana sa kwayil aikin da ya fi ƙarfinsa a kowane bugu, shi ya sa tsohon fulogi ke cin kwayil.

Ɗana, kan tambayarka ta duka huɗun, mutane sun rabu. Masu cewa a sauya duka suna da hujja: tare aka sa su, zafi ɗaya suka sha, in ɗaya ya tafi saura na hanya. A injin da sai an kwance manifol, bututan da ke kai wa inji iska, kafin a kai ga kwayil na baya, kamar wasu masu silinda shida, ni ma haka nake ba da shawara, don kada a biya kuɗin aiki sau biyu. Amma naka huɗu ne a fili, kana buɗe bonet ka gan su. Ka sauya wanda ya mutu da mai kyau, ka bar ukun. Na sha ganin an cire kwayil na asali masu lafiya an sa huɗu masu arha, kafin shekara ta zagayo motar ta dawo. Ɗaya na ƙwarai daga masu ƙera su irin Denso, Bosch, NGK ko Delphi, da lambar da ta dace da injinka, ya fi mini huɗu marasa asali. Fulogi kuwa duka huɗun za ka sauya, wannan babu jayayya.

Wani ɗan'uwa:
Baba, a gafarce ni in shiga da tawa. Ni tawa mai distiribita ce, wato abin da ke rarraba wuta zuwa fulogai, kwayil ɗaya ne tak. Ita ma tana misin a silinda ɗaya. Shi ne?

Wani dattijon makanike:
Da wuya. Kwayil ɗaya da ke ciyar da duka, in ya yi rauni duka silindodin ne za su ji, ko motar ta mutu da zafi ta ƙi tashi sai ta huce. Silinda ɗaya kawai, ka duba wayar fuloginta, da fulogin, da cikin murfin distiribita. Akwai kuma masu kwayil biyu a inji mai silinda huɗu, ɗaya na ciyar da ta 1 da ta 4, ɗaya ta 2 da ta 3. Su in kwayil ne, sau da yawa silinda biyun tare suke tafiya.

Mai tambaya:
Jama'a na dawo da labari. An jona sikana, P0303 ta fito. Da na zaro kwayil na uku, robarsa jiƙe take da baƙin mai, kuma a jikinta akwai wani baƙin layi siriri daga sama zuwa ƙasa, kamar an ja da fensir. Na goge da tsumma, mai ya fita, layin bai fita ba. Na mayar da shi silinda ta ɗaya kamar yadda Oga ya ce, muka goge lambar, na zagaya har ta yi zafi, na nemi tudu na hau. Ta fizga. Da aka sake karantawa, P0301. Wallahi sai da na yi ajiyar zuciya. Yanzu na sayo kwayil ɗaya, fulogi huɗu da gasket. Akwai abin da zan kiyaye wajen ɗaurawa?

Wani mai rewaya:
Madalla. Layin nan da ka gani sawun wuta ne, ta nan take zurarewa. Ka duba farin jikin tsohon fulogi na uku, mai yiwuwa ka ga irinsa.

A fara da gasket, har da zobban robar da ke zagaye ramukan fulogi, don su ne ke barin mai ya shiga. A yi aikin inji na sanyi, musamman da yake kan injin alminiyon ne, zarensa ba ya son a kwance fulogi da zafi. Kafin ka kwance fulogi na uku, ka tsane man da ke ramin tas da tsumma, kada ya gangara cikin silinda da datti. Sabon fulogi ka fara ɗaura shi da hannu har ya zauna, sannan sufana ta ƙarasa, ba da ƙarfin tsiya ba. In masu bakin iridiyom ne kada a buga bakinsu don gyara tazara, siriri ne, yana karyewa. Ka shafa ɗan giris ɗin silikon na lantarki a cikin bakin robar kwayil, kaɗan kawai. Notin kwayil ƙarami ne, ya kama ya isa. Soket ɗin kuma roba ce da ta sha zafi shekara da shekaru, ka danna maƙallin a hankali, ka saurari ƙas ɗinsa idan ka mayar.

Wani dattijon makanike:
Ka sa a goge lambar bayan an gama. Bayan mako guda ka zaro na uku ka haska ramin, ka tabbatar a bushe yake. In wutar cek ta dawo da P0420, to katalis ce ke magana, ka zo ka faɗa mana mu san ta inda za a ɓullo mata.