Wai da gaske Louis Pasteur ba likita ba ne?

Ɗan Maraɗi: Salam ƴan uwa. Mu nan Nijar tun muna firamare ake mana maganar Pasteur, wai shi ya samo rigakafin ciwon haukan kare, to yanzu kuma wani ke ce min mutumin ko likita bai zama ba, masanin sinadarai ne kawai. To ya akai ya yi wa mutane allura? Masu sani a taimaka.

Malamar Kimiyya: Wslm. Gaskiya aka faɗa maka malam, sinadarai ya karanta, shi ya sa ma ba da hannunsa ya yi allurar ba, likita Grancher ne ya yi. A Yulin 1885 aka kawo wa Pasteur wani yaro ɗan shekara 9, Joseph Meister, daga yankin Alsace da ke kan iyakar Faransa da Jamus, mahaukacin kare ya yi masa kaca-kaca da cizo, kuma lokacin in ciwon ya bayyana a jikin mutum to sai dai a saurari mutuwa. Lakar bayan zomo mai cutar suke busarwa har ƙarfinta ya ragu, da ita aka yi wa yaron allura sau 13, ana farawa da mai rauni ana ƙara ƙarfi a hankali, kuma Allah cikin ikonsa yaron ya rayu har ya manyanta ya yi gadi a cibiyar bincike ta Pasteur da ke Paris. Ni abin da ke taɓa min zuciya shi ne cikin ƴaƴan Pasteur 5 guda 3 sun rasu suna ƙanana, 2 taifot ce ta kashe su, duk da haka bai bar bin diddigin ƙwayoyin cuta ba.

Bazazzage: Hajiya ki ƙara da cewa ba shi kaɗai ya yi aikin ba fa. Abokin aikinsa likita Émile Roux ya sha wahala sosai a binciken nan amma sunansa ba ya fitowa, wallahi abin na min ciwo.

Ɗan Maraɗi: Na gode sosai. To madarar kwali da ake cewa an dafa ta salon Pasteur fa?

Malamar Kimiyya: Eh sunansa ne, sai dai shi a kan giyar inabi ya fara, manoman Faransa na ta asara tana tsami. Ɗumama ta ake yi ba tare da ta tafasa ba ƙwayoyin da ke sa ta tsami su mutu, daga baya aka koma yi wa madara.