Tufafin da ke mutuwa kafin a gaji da su: abin da kowa ya gani a bakin aikinsa

Tela, shekara 22 a kan keke

Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Akwai abin da na daɗe ina lura da shi a wurin aikina, kuma ina so in ji ko waɗanda tufafi ke bi ta hannunsu ta wasu hanyoyi sun ga irinsa. A makon jiya wata baiwar Allah ta kawo mini doguwar riga da ta yi oda ta intanet, sau uku kacal ta sa ta, ɗinkin hammata ya buɗe. Da na juya cikin rigar sai na tarar yadin da aka bari a bayan ɗinkin bai kai rabin farce ba, kuma duk inda allurata ta shiga sai zaren yadin ya biyo ta ya zare. Na ɗauko awo na ƙirga, ɗinki 7 na samu a inci guda, alhali wata tsohuwar shat da nake sawa tun ina yaron shago tana da 14. A da aikin gyara shi ne a rage, a ƙara, a canza zif, a juya kwala idan ta cinye. Yanzu kusan rabin abin da ake kawo mini ba shi da wurin da gyara zai kama. Wa ya san daga ina wannan abin ya faro?

Tsohon mai duba ingancin kaya a masana'antar ɗinki

Wa alaikumus salam, Malam tela. Na san ɗakin da ake yanke shawarar abin da ka gani a hammatar rigar nan, domin na yi shekara 6 ina duba kaya a wata masana'anta da ke yi wa kamfanonin ƙetare ɗinki. Mutane suna zaton sai an ɗinka riga ake yi mata kuɗi, amma a wannan harka kuɗin ake fara yankewa. Mai saye zai aiko da zane ya faɗi abin da zai biya a kan kowace riga, sai masana'anta ta zauna ta duba inda za ta rage don ta tsira da 'yar riba. Tunda yadi ne ke cinye mafi yawan kuɗin riga, a kansa ake fara ragi: a zaɓi mara nauyi, a matse zanen yanka a kan tebur don kada ƙyalle ya yi yawa, a rage abin da ake bari a bayan ɗinki. Rabin santimita a riga ɗaya ba abin magana ba ne, amma a odar riga 200,000 bandir-bandir na yadi ne. Tazarar ɗinki kuma lokaci ce, idan aka buɗe ta keke ya fi gudu, layi ya fi fitar da kaya a awa guda.

Wata rana na tsayar da wasu kaya saboda bayan wanki biyar na gwaji wuyan rigunan ya saki, launin kuma ya fara koɗewa. Na rubuta rahoto na aika, washegari wakilin mai sayen ya amsa cewa a loda kayan, domin yayin launin ba zai wuce 'yan makonni a shaguna ba, kuma jirgi ba zai jira kowa ba. Ranar na gane cewa wanki biyar ya ishe su.

Wannan gudun bai daɗe da farawa ba. Ƙasar Sin ta shiga Ƙungiyar Ciniki ta Duniya a ƙarshen 2001, sannan ranar 1 ga Janairun 2005 aka kawo ƙarshen tsarin da ke ƙayyade yawan tufafin da ƙasashe masu tasowa za su shigar Turai da Amurka, sai oda ta kwarara zuwa inda ƙwadago ya fi araha. Tsakanin 2000 da 2015 yawan tufafin da ake ɗinkawa a duniya ya ninka, har ya haura guda biliyan 100 a shekara. Sin ce kan gaba wajen fitar da tufafi, Bangladash da Biyetnam na biye da ita, kuma fiye da kashi 80 cikin 100 na abin da Bangladash ke sayarwa waje tufafi ne. Kamfanin Zara ya yi suna da kai sabon zane shago cikin 'yan makonni, kamfanin Shein kuma ya zo da salon ɗinka guda 100 ko 200 kawai, a baje su a intanet, wanda ya karɓu a ƙara odarsa. Roƙona shi ne kada kowa ya ɗora laifin a kan matan da ke kan kekunan, domin waɗanda na yi aiki da su za su iya ɗinkin da zai shekara 20 in an ba su lokaci. Su ne ma suka fi kowa ɗanɗana kuɗar wannan gaggawa: ginin Rana Plaza mai ɗauke da masana'antun ɗinki, da ya rufta a Savar, kusa da Dhaka babban birnin Bangladash, ranar 24 ga Afrilun 2013, ya hallaka mutum 1,134, akasarinsu masu ɗinki, alhali tun kwana guda kafin nan aka ga bangonsa ya tsage.

Mai sayar da gwanjo

Ni kuwa, Yaya, a ƙarshen hanyar nake zaune, inda kaya ke isowa bayan masu su sun gama da su. Shekara 15 ke nan ina yanka dila, kuma dila a ɗaure ake sayenta, sai an tsinke ɗaurin mutum yake sanin rabonsa. Lokacin da na fara, akasarin abin da ke fitowa wandon jins ne mai kauri da shat ta auduga waɗanda wanki da guga kawai suke buƙata. Dilar da na yanka a watan jiya na ware ta gida uku, na ratayewa, na zubewa a ƙasa a sayar ko nawa ne, da wanda ko kyauta ba mai ɗauka, kuma tulin ƙarshen ya kusa kamo na farko. Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne riguna da takardar farashinsu ke rataye, ba a taɓa sa su ba, amma in ka ɗaga su a rana kana ganin yatsunka ta ciki. Darajar gwanjo daga asali ita ce abin da ya jure wa mai shi na farko zai jure wa na biyu, to ina ga wanda bai jure wa kowa ba?

Na kuma lura cewa tunda manhajojin sayar da tsofaffin tufafi irin su Vinted suka bunƙasa, masu kaya a ƙasashen da gwanjo ke fitowa suna sayar da masu kyawun da kansu, ragowar ce ke shiga akwatin sadaka har ta iso dila. Masu bincike a kasuwar gwanjo ta Kantamanto da ke birnin Akara na ƙasar Gana sun ƙiyasta cewa tufafi kusan miliyan 15 ke shiga cikinta duk mako, kuma kusan kashi 40 cikin 100 shara ake kwashewa da su. A hamadar Atacama ta ƙasar Chile ma akwai tsaunin irin wannan kaya da ya shigo ta tashar jiragen ruwan Iquique bai sami mai saye ba. Ni dai na biya kuɗin dila har da sharar da ke cikinta, sannan na sake biyan wanda zai kwashe ta.

Uwar yara huɗu

Hajiya mai gwanjo, na ji kukanki, amma ku yi mini afuwa in faɗi nawa. Ɗana na biyu yana fin ƙarfin wando cikin wata shida, saboda haka wandon da zai shekara 10 ba shi da amfani a wurina idan kuɗinsa zai hana in saya wa ƙannensa. Arahar nan da ake kuka da ita ita ce ta sa iyali irin nawa ke iya suturta kowa a lokaci guda, kuma miliyoyin mata a Asiya da ita suke riƙe gidajensu. Inda nake jin takaici shi ne kayan babban ba sa kaiwa ga ƙaraminsu kamar yadda aka yi mana, domin gwiwa kan fashe tun yana jikin na farko.

Ma'aikaciya a wurin tantance tsofaffin tufafi

Gaskiyarki ce, Anti, kuma ba kayan yaranki ne ke cika mana ɗakin ajiya ba, kayan manya ne da aka sa sau ɗaya ko biyu. Aikina shi ne in tsaya a gaban bel ɗin da ke tafe da tufafi, in duba 'yar takardar da ke maƙale a gefen riga, in jefa kowace inda ta dace. Auduga zalla ko ulu zalla suna da masu saye, domin ana iya yagalgala su a sake kaɗa zare, ko da yake silin yakan gajarce sai an haɗa shi da sabo. Matsalar ita ce gauraye, wato auduga da foliyesta da ɗan zaren roba mai talewa a yadi ɗaya, wanda raba su yana da wuya da tsada, don haka yawancinsu tsumman goge inji suke zama, ko cikon katifa, ko a ƙone su. Foliyesta, wadda daga man fetur ake samunta, yanzu ta haura rabin duk zaren da ake samarwa a duniya, kuma ƙasa da kashi 1 cikin 100 na abin da ake yin tufafi da shi ne ke komawa sabuwar tufa. Idan kun ga an rubuta a jikin riga cewa da foliyestar da aka sake sarrafawa aka yi ta, kusan kullum robar ruwan sha ce aka narka, tsohuwar riga ba ta cikin lissafin.

Dokoki sun fara motsi. Faransa ta hana lalata tufafin da ba a sayar ba tun daga 2022, kuma a ƙarshen 2023 ta fara rage wa mutane kuɗin gyaran tufafi da takalma a wurin masu gyaran da aka yi wa rajista. Tarayyar Turai ta wajabta wa ƙasashenta tattara tsofaffin tufafi dabam da sauran shara daga 1 ga Janairun 2025. Abin da na gani da idona bayan haka shi ne buhunan da ke shigo mana sun ƙaru, masu sayen abin da muke warewa kuwa ba su ƙaru ba.

Tela, shekara 22 a kan keke

Na gode muku duka, musamman Malam mai duba kaya, domin yanzu na san rabin farcen nan lissafi ne aka yi a kansa. Hajiya uwar yara, idan kin sayo wando, kafin yaro ya fara sa shi ki kai a liƙa masa faci ta ciki a gwiwa, a kuma bi ɗinkin tsakiya sau ɗaya da zare mai ƙarfi, in Allah ya so zai kai ga ƙaninsa. Ita kuwa rigar da na ba ku labari, na farke hammatar gaba ɗaya, na yanko ƙyalle daga kalmasar ƙasa na sa mata ƙari, na naɗe bakin da siririn yadin auduga don allura ta sami abin kamawa. Aikin ya ci mini awa biyu, kuma da mai rigar ta zo karɓa ta ce kuɗin gyaran ya kusa kai abin da ta saye ta, amma ta biya, ta kuma bar mini wasu guda biyu irinta in bi ɗinkinsu tun kafin su buɗe.