Ƙofar Zamani: Abin da Na Tsinta a Zaman Marubuta a Jos

Ranar Asabar mun zauna da wasu marubuta a Jos kan labarin da wata ƙanwarmu ke rubutawa, na wata duniyar ƙirƙira mai ƙofar da ke kai mutum wani zamani.

An fi daɗewa a kan doka. Wani dattijo, malamin kimiyya, ya ce mata, "'Yata, ki kafa wa ƙofar nan ƙa'ida tun farko, kada kuma ki karya ta." Wa ke iya shiga, me zai biya? Ya kawo shawara biyu: duk wanda ya ratsa ya rasa shekara guda ta rayuwarsa, ko ƙofar ta kasa mayar da mutum baya fiye da ranar da aka gina ta. Ta biyun ta fi kwanta mini, domin tana rage tsohon rikicin nan na wanda ya koma ya hana auren kakanninsa. To shi wa ya haife shi?

Dattijon ya tuna mana cewa tun 1905 masanin kimiyya Einstein ya nuna lokaci na tafiya a hankali ga mai gudu kusa da saurin haske. Zuwa gaba ke nan yana da tushe a ilimi, komawa baya ne sai marubuci ya yi aiki.

Kan wuri kuwa baki ya zo ɗaya: ta kafa ƙofar a irin tsofaffin ramukan kuza na wajen Bukuru, kuzar ta zama makamashinta. Idan kuma ta ɗauki shawara ta farko, za ta kai jarumarta zamanin Nok, tsohuwar al'ummar nan da ta yi fice wajen ƙera mutum-mutumi, ta fara leƙa gidan tarihin Jos, wanda aka buɗe a 1952, ta ga mutum-mutumin yumɓu da idonta.