Musayar waƙa: Kormak, babban sarkin Ayilan

Mai Kuge:
Ku zo ku ji Kormak na ƙasar Ayilan,
Jikan Kon ne, Tara ce fadarsa.
Kyarkeciya ta shayar da shi a jeji,
Ya girma ya karɓi gadon ubansa.

'Yar Marina:
Yaya Mai Kuge, ka tsallake shari'a!
Tumaki sun cinye baban rinin sarauniya,
Sarki Lugaid ya ce a ƙwace garken,
Yaro Kormak ya ce a aske su, ya isa diyya.
Gashi zai tsiro, ganye ma zai tofo,
Nan fada ta san jinin sarauta, ba ƙarya.

Ɗan Kurmi:
Allah ya ƙara basira, Hajiya! Mai Kuge, koma gaban allo.

Mai Kuge:
Ƙanwa, ƙwar huɗu muka ɗauko,
Kin jera shida kin ce waƙa ce.
Ɗangon ƙarshe yana ɗingishi,
Ko Kormak mai ido guda ya san karaya ce.

'Yar Marina:
Idon da ka ambata, mashi ya tsone,
Angus na Deshi ne ya yi ɓarna.
A can mai naƙasa ba ya riƙe karaga,
Kormak ya sauka, kai ma sauka mana!

Malam Na Zaure:
Ku yi haƙuri 'ya'yana, duk ku biyun kun karya kari. Mai Kuge, ɗangonka na huɗu ya fi sauran tsawo nesa ba kusa ba. 'Yar Marina, "ɓarna" da "mana" amsa-amon dole ne.

Ɗan Kurmi:
Malam, da girmanka, kunne ya karɓa. Kai dai ka rera ka ji.

Malam Na Zaure:
Na rera, ɗana, har na sarƙe.

Mai Kuge:
Na dawo, jiya wayata ba caji.

Malam ya sarƙe, ku kawo ruwa,
Haka ƙayar kifi ta kashe Kormak.
Ya ce kar a kai shi kushewar magabata,
Kogin Boyin ya cika ya hana a tsallaka.

'Yar Marina:
"Kormak" da "tsallaka"? Yaya, kunya!
Ros na Ri aka binne shi, ka manta.
Shekara 40 aka ce ya yi yana mulki,
Kai baiti uku sun gagare ka gyarawa, ka huta.

Malam Na Zaure:
Wannan ma na ƙarshen ya yi tsawo.