Musayar Waƙa: Ademola Ɗan Alake, Alƙalin Alƙalai

Ɗan Gobir:
Salamu alaikum. Yau na ɗora a kan Sir Adetokunbo Ademola, ɗan Alake Ladapo, sarkin Egba na Abeokuta, ɗan ƙasa na farko da ya zama Alƙalin Alƙalan Nijeriya, daga 1958 zuwa 1972. Ƙwar biyu, amsa-amo "ya".

Da sunan Ta'ala nake fara waƙa,
Ta ɗan Alake, ma'abocin gaskiya.
Gidan Ladapo, Abeokuta ya tashi,
Ya je Ingila ya ɗauko rigar lauya.
Bature ya sauka, ya hau kan kujera,
Gabanin a ba mu tutar Nijeriya.

Bakatsine Mai Tawada:
Bagobiri in ya hango Bayarabe,
Gwiwa ƙasa yake, babu tambaya.
Kana ta yabo, to ina Akintola?
Shari'ar Yamma ka jefa ta baya.
Mutum 66 suka sa hannu a takarda,
Gwamna ya duba ya tsige Firimiya.
Naka ya ce sai an ƙirga a majalisa,
Landan ta rushe hukuncin gaba ɗaya.

Ɗan Gobir:
Bayarabe yarona ne tun kakanni,
In ya yi kyau zan faɗa babu kunya.
Landan ta yi magana a 1963,
A shekarar muka zamo jamhuriya.
Aka rufe ƙofar kai ƙara can,
Kotunsa ta zam ƙarshen tafiya.

Ƙanwar Gobirawa:
Allah ya ja zamaninka, Yaya! An gama da Katsina tun da safe.

Malam Na-Aruli:
Ku dakata. Ɗan Gobir, karanta "Landan ta yi magana a 1963" da baki mu ji. Dubu ɗaya da ɗari tara da sittin da uku: numfashinka zai ƙare kafin ka kai ƙarshen ɗangon. Kai ma Bakatsine, "66" ɗinka ya karya kari. Waƙa da kunne ake auna ta.

Bakatsine Mai Tawada:
Malam, ka zo da ma'auni ba ka da haja,
Ɗora baiti guda mu sha dariya.

Malam Na-Aruli:
Yaro, tun ba ka san gaba da ƙafa ba,
Nake sassaƙa baiti ba tare da wuya.

Ƙanwar Gobirawa:
Malam, wannan ɗango na biyu fa shi ma yana ɗingishi.

Malam Na-Aruli:
Zihafi ne, 'yata, ba karaya ba. Masana sun halatta shi.

Hajiya Mai Kundi:
Kun bar jaki kuna dukan taiki. Duk wanda ya zauna ajin koyon doka ya san inda mutumin nan ya tsaya da ƙafarsa: shari'ar Lakanmi, Afrilun 1970. Gwamnatin soja ta Jihar Yamma ta ɗaure dukiyar Lakanmi da 'yarsa, sannan dokar soja mai lamba 45 ta 1968 ta ambaci sunayensu ta hana kotu sa baki. Ga nawa:

Ƙanena Bakatsine, kawo kunnenka,
Ka ji ran da alƙali ya ƙi sunkuya.
Yaƙi ya ƙare, bindiga na da zafi,
Gowon na sama, kowa na biyayya.
Ya ce ministoci ne suka miƙa mulki,
Lalura ta sa, ba juyi ne ba na ɗaya.
Tsarin mulki na nan bai mutu ba,
Soja riƙo yake, ba shi da mallakiya.
Mai yin doka ba shi yanke hukunci,
Kotu kaɗai ke raba mutum da dukiya.

Bakatsine Mai Tawada:
Hajiya, na rusuna, baitinki ya zauna,
Amma ki ƙarasa mana tatsuniya.
Wata bai cika ba soja suka amsa,
Da doka ta 28 suka toshe hanya.
Ki tuna ƙidayar 1973 kuma,
Shi ne shugaba, Murtala ya soke ta gaba ɗaya.
In alƙali kuke so ga namu Bello,
Na Katsina, ɗan Waziri, na farko daga Arewa a tarayya.

Ƙanwar Gobirawa:
Da ma nan za ka! Tun farko Mohammed Bello kake son a waƙe, shi kuwa sai 1987 ya hau. Buɗe masa nasa zauren.

Malam Na-Aruli:
Kuma ka maimaita "gaba ɗaya" sau biyu a amsa-amo. Wannan aibi ne.

Hajiya Mai Kundi:
Ba tatsuniya ba ce, ƙanena, tarihi ne,
Sai da suka sake doka don su tsallake shi baya.
Da hukuncin banza ne da sun yi shiru,
Gaggawar da suka yi ita ce shaidar nauyinsa a duniya.

Malam, na san na ƙarshen ya yi tsawo, a bar mini shi haka.

Baba Tsohon Akawu:
Ku yi haƙuri, sai yanzu na ga zauren. Ba wanda ya taɓo rikicin zaɓen Disambar 1964, da Azikiwe ya ƙi kiran Tafawa Ɓalewa ya kafa gwamnati.

Kwanaki ƙasa na tsaye ba gwamnati,
Zik da Abubakar kowa ya juya baya.
Ademola da Mbanefo, alƙalin Gabas, suka shiga tsakani,
Aka kira Ɓalewa, aka kwana lafiya.

Bakatsine, wannan ma a amsa mini.